Shekara huɗu ina zaman jiran minti ashirin

Assalamu alaikum. Ni direba ne, sitiyari na sani ba biro ba, duk inda kuka ga rubutun ya karkace sai ku yi haƙuri dani.

Abinda yasa na zauna rubuta wannan, satin da ya wuce a tasha na ga wani yaro direba da bai fi shekara biyu da fara aiki ba, masinja ya miƙo masa kweri, wato takardar tuhuma, daga ofis, ya karanta layin farko kawai ya dunƙule takardar ya jefa kwata yana ta zage-zage wai su waye zasu tuhume shi. Wallahi bansan lokacin da na sa hannu a kwatar nan na ciro ta ba, na goge ta da tsumman mota nace ungo, je ka yi fotokofi uku, ɗaya gida ɗaya aljihu ɗaya wajen wanda ka yarda dashi. Ya kalle ni kamar wanda ya taɓu. Ban ga laifinsa ba, nima haka nake da.

Na fara ne daga karen mota, ina wanke taya ina ɗaure kaya a but, har maigidana ya fara sakar min sitiyari idan mun fita gari. A 2006 Allah ya yi min aiki a hukumar motocin haya ta jiharmu, ba zan faɗi sunanta ba don har yau a can nake cin abinci. An bani takardar ɗauka, a 2008 aka bani ta tabbatarwa, na kawo su gida na yar akan tabarma, maman yara ce ta kwashe ta sa a leda ta cusa ƙasan akwatin lefenta. Albashin ba wani abu bane, dubu talatin da 'yan kai lokacin da abin ya faru, amma akwai alawus ɗin hanya kuma mutum na hangen fansho da garatuti, shine ya zaunar damu muna kallon abokanmu na tashar 'yan yuniyon suna samun abinda ya ninka namu a wata.

A watan Nuwamba 2018 na ɗauko lodi zuwa Abuja a bas ɗina Hiace. Mun tashi a makare saboda sai da aka canza min taya, mutum biyu suka sauka a Kaduna, kujera biyu ta zama fanko. Duk wanda ya bi hanyar Kaduna zuwa Abuja a waɗancan shekarun ya san abinda nake nufi, idan ka wuce Rijana ana kiran magariba to kowa a mota bakinsa motsi yake, babu mai hira babu mai kunna waƙa, masu kuɗi ma sun koma jirgin ƙasa saboda masu garkuwa. Kafin Katari na hango wata Golf a gefen titi an ɗaga bonet, tsoho a tsaye yana ɗaga hannu, ga mace da goyo da yarinya ƙarama ta riƙe mata zani. Dokarmu a fili take, ba a ɗaukar fasinjan hanya, kuma dokar tana da dalili, sau nawa aka yi amfani da mace da goyo a tsayar da mota. Har na wuce su. Wata hajiya a kujerar baya tace direba ka ji tsoron Allah, dare ne fa zai same su a dajin nan. Wani kuma yace kar ka tsaya. Na taka birki na dawo da baya.

Toh anan ne wajen da mutane basa so in faɗa idan ina bada labarin, sun fi so ace ban yi komai ba sharri aka min. Na yi. Na ɗauke su alhali na san an hana, kuma da muka kusa Zuba tsohon nan ya ajiye dubu ɗaya da ɗari biyar akan dashbod yace in sha ruwa, nace a'a Baba bar shi, yace sai na karɓa, ban mayar masa ba. Kuɗin na nan akan dashbod masu sa ido na hukumarmu suka tare ni, suka ƙirga kawuna suka duba takardar sunayen fasinja, mutum sha shida a rubuce, a mota kuma ga ƙari. Shugabansu ya ɗauki kuɗin ya ɗaga sama yana haska su da tocila. Na buɗe baki zan yi bayani yace ka riƙe bayaninka sai a ofis.

Ofis ɗin da ban taɓa samun shiga in yi bayanin ba kenan. Da na dawo aka karɓe makulli aka ce in je gida za a neme ni. Sati biyu shiru. Ranar wata Alhamis da yamma maigadin tasha ya kira ni wai akwai takardata a wajensa tun Litinin, na je na karɓa, kweri ce da Turanci, yarona ya karanta min, an bani awa ashirin da huɗu in amsa, wato lokacin ya wuce da kwana biyu tun kafin in taɓa takardar. Duk da haka muka zauna da shi da daddare muka rubuta amsa, na kai washegari, akawun yace an rufe fayil. Allah ya taimake ni na nace nace toh ka buga min hatimi a kofin nawa cewa na kawo, ya yi tsaki ya buga don in tafi in bashi waje. Wannan hatimin na tsaki shine ya zama rabin shari'ata, a lokacin ni ban sani ba, zuciya ce kawai tasa na nace.

A Janairu 2019 takardar kora ta fito. Mu uku aka kora rana ɗaya. Ba sallama ba, kora, kuma bambancin yana da girma, wanda aka kora ya rasa garatuti ya rasa fansho, shekara sha biyu da ɗoriya sun tafi a iska. A takardar an rubuta wai kwamiti ya zauna ya same ni da laifin cin amana da karkatar da kuɗin hukuma. Wane kwamiti? Yaushe? Ni dai ban ga kowa ba.

Ba zan tsaya dogon labarin wahala ba, kowa ya san yadda gida yake idan maigida ya zauna. Na yi jigilar yashi a tifar wani, na ja Keke Napep na haya, maman yara ta kama soya awara a ƙofar gida. Abinda ya fi cina ba yunwa bace, kalmar ɓarawo ce. A masallacin unguwa ni ke riƙe kuɗin gyara, wata rana bayan isha'i liman ya ja ni gefe cikin kunya yace ko zan huta tunda abubuwa sun min yawa. Na gane. Na miƙa littafin.

Na je wajen shugabannin ƙungiyarmu ta ma'aikata, suka rubuta takardar roƙo, aka ce musu ana dubawa. Wani dattijo a cikinsu ne ya kira ni waje yace Malam kar ka zauna jiran roƙo, lokaci na cinka, je ka nemi lauya ka kai Kotun Ma'aikata. Ni a sanina kotu biyu ce, ta alƙali inda ake raba aure da gado, da ta majistare inda 'yan sanda ke kai mutum. Ashe akwai kotu guda ta ƙasa da aikinta kenan, rigimar ma'aikaci da wanda ya ɗauke shi aiki, tun 1976 aka kafa ta, kuma gyaran tsarin mulki na 2010 ya ɗaga ta ta zama sa'ar babbar kotu, sashe na 254C ya bata ita kaɗai ikon jin irin wannan ƙara. Tana da rassa a garuruwa da dama, Abuja, Kano, Kaduna, Jos da sauransu. Duk wannan a bakin barista na ji, yanzu na haddace kamar karatun allo.

Baristan yaro ne, sa'an ƙanina na uku, surukina ne ya haɗa mu. Na zauna zan fara masa labarin tsoho da mace mai goyo ya ɗaga hannu yace Baba tsaya, wannan zamu zo kansa, takardunka nake so in gani tukun. Raina ya ɓaci, nace a zuciyata shima irinsu ne ba zai saurara ba. Na koma gida nace maman yara ina takardun nan na da, tace Malam ai suna nan inda na ajiye, ta zazzage akwati ta ciro ledar, shekara goma sha biyu ko kyankyaso bai taɓa su ba. Da barista ya karanta takardar tabbatarwar ya ga layin da aka rubuta cewa aikina yana ƙarƙashin dokokin aikin gwamnatin jiha kuma mai fansho ne, sai ya yi murmushi yace Baba ka sayi tukwici ka kai wa Hajiya.

Ga yadda ya fahimtar dani, kuma wannan ne nake so direbobi da makanikai da masu yankan tikiti su ji da kyau. Yace aiki a wajen kotu iri biyu ne. Akwai na maigida da yaronsa, kamar direban kamfanin wani Alhaji, shi ko an kore shi ba daidai ba galibi abinda kotu zata bashi kuɗi ne, ba kasafai take tilasta wa maigida ya ci gaba da zama da yaron da baya so ba. Akwai kuma aikin da doka ce ta kafa shi ta kuma shimfiɗa yadda za a ladabtar da mai shi, wannan idan aka tsallake mataki ɗaya kotu na iya cewa korar bata faru ba sam, ka koma aikinka a biya ka duk albashin da ka rasa. Ya kawo min misalin shari'ar Olaniyan da Jami'ar Legas wadda Kotun Ƙoli ta yanke a 1985, nace barista su malaman jami'a ne ni direba ne, yace dokar bata tambayi girman kujera ba, ta tambayi me aka rubuta a takardarka. Sai kuma ya gaya min maganar da ta hana ni barci, yace kotun nan ba zata zauna ta wanke ka ba, ba aikinta bane ta zama kwamitin ladabtarwa, abinda zata duba shine an bi hanya ko ba a bi ba, an ji bakinka ko ba a ji ba, kamar yadda sashe na 36 na tsarin mulki ya tanada. Nace toh in ba zata ce ni ba ɓarawo bane me na je yi? Yace ka je ka karɓo damar faɗa da bakinka.

Cikin mu ukun nan ɗaya ya haƙura ya tafi Legas jan tirela. Ɗayan abokina ne sosai, tare muka je wajen barista, shi shekara tara yana tuƙi a hukumar amma a kashuwal, duk wata shida a sabunta masa takarda, ba a taɓa tabbatar dashi ba. Barista ya gaya masa gaskiya yace zai yi wuya a maida kai, sai dai a nema maka ɗan abinda ya samu. Hanya ɗaya muke bi, rami ɗaya muke kaucewa, shima ba a kira shi kwamiti ba, amma takarda ta raba mu. Har yau wannan abin bai kwanta min ba, kuma a ganina hukumomin da ke ajiye mutum shekara tara a kashuwal sun san abinda suke yi.

Barista ya matsa mu shigar kafin wata uku ya cika daga ranar korar, yace akwai tsohuwar doka mai kare jami'an gwamnati da lauyoyinsu ke son fakewa da ita su ce an makara, ko tana aiki akan irin ƙararmu ko bata yi gara kar a basu ƙofa. Muka shigar a Maris 2019. Kuɗin farko adashin maman yara ne da tunkiyarta guda.

Daga nan sai zarya. Komai a rubuce ake shigarwa tun farko, bayanina da rantsuwata da kofin kowace takarda. Lauyan hukuma ya fara da cewa kotu bata da hurumi, aka yi watanni akan wannan kaɗai kafin mai shari'a ya yi watsi da maganar. Kotun tana da sashen sulhu, an gwada, suka ce zasu maida korar ta zama sallama su bani wani abu, na kusa karɓa wallahi don lokacin kuɗin makarantar yara ya taru, maman yara tace Malam in ka karɓa sunan ɓarawon ya goge? Na yi shiru. Sai korona ta zo a 2020 aka rufe ko'ina har hanyoyin tsakanin jihohi, sai a 2021 ma'aikatan kotuna suka shiga yajin aiki tun daga Afrilu har Yuni, ƙofar kotu da kwaɗo. Wani lokaci in yi asubanci in biya kuɗin mota in zauna a benci tun safe a kira ƙararmu a ɗage cikin minti biyu saboda shaidarsu bai zo ba. Abin dariya, motar hukumarmu nake hawa wani zubin, a kujerar fasinja, yaran da na koya wa hanya suna jana suna jin kunyar karɓar kuɗina.

Ranar da na shiga akwatin shaida aka kawo tafinta, na rantse da Alƙur'ani. Lauyansu ya miƙe ya gyara riga yace ka ɗauki fasinja a hanya ko baka ɗauka ba? Nace na ɗauka. Ka san an hana? Na sani. An samu kuɗi a motarka? An samu. Ya juya ya zauna yana murmushi kamar ya gama dani, ni kuma gwiwata ta yi sanyi nace shikenan na kashe kaina da bakina. A waje barista yace Baba da ka yi ƙarya da yau mun faɗi.

Ranar shaidarsu ce na ga aiki. Jami'in mulki suka kawo da fayil ɗina a hannu. Barista ya tambaye shi a hankali kamar mai hira, wace rana aka miƙa wa wannan bawan Allah kweri, ina ya sa hannu ya karɓa? Babu. Ya ɗauko kofina mai hatimi yace wannan hatimin ofishinku ne? Yace eh. Toh ina amsar a fayil? Ya buɗe ya rufe ya sake buɗewa, babu. Ina takardar gayyatarsa gaban kwamiti? Babu. Karanta mana sunan shugaban kwamitin. Ya karanta. Karanta mana sunan wanda ya kama shi a Zuba ya rubuta rahoto. Mutumin ya yi shiru har sai da mai shari'a yace ka amsa. Suna ɗaya ne. Wanda ya kama ni shine ya kai ƙarata shine kuma ya zauna ya yanke min hukunci. Ni kaina a ranar na sani.

An yanke hukunci ƙarshen 2022. Ban gane Turancin ba, fuskar barista nake kallo. Da muka fito ya fassara min, kotu tace aikina na doka ne, ba a bani damar kare kaina ba, mai ƙara ba ya zama alƙali, don haka korar ta rushe, a maida ni aiki a biya ni albashina tun daga ranar. Amma diyyar ɓata suna da muka nema bata bayar ba, kuma ta faɗa a fili cewa ita bata ce ban yi laifi ba, hukuma na da damar ladabtar da ma'aikacinta idan ta bi hanya. Na yi sujada a harabar kotu duk da haka.

Samun hukunci daban, cin moriyarsa daban. Suka ce zasu ɗaukaka ƙara, Kotun Ɗaukaka Ƙara ce ƙarshe a irin wannan shari'a, basu ɗaukaka ba amma sun ja ƙafa. Barista yace kama asusun hukumar gwamnati ba kamar na ɗan kasuwa bane, akwai maganar neman yardar Antoni Janar, sai muka bi ta wasiƙa da lallami da sa bakin dattawan ƙungiya. Na koma aiki a farkon 2023. Ariyas kuwa, wato albashina na baya da ya taru, kashi-kashi aka biya, yawanci bayan an cire tallafin mai a ƙarshen Mayu, lokacin da litar fetur ta tashi daga ƙasa da ɗari biyu ta haura ɗari biyar, kuɗin da a 2019 zai sai min fili sai ga shi ya tafi a bashi da kason barista da buhun masara. Na dai sai wa maman yara tunkiya biyu.

Wata biyu da komawata sai ga kweri, sabuwa, akan maganar Katari dai. Wannan karon hannu da hannu aka bani na sa hannu, kwana uku in amsa, sannan takardar gayyata mai rana da lokaci, an ce in zo da wakilin ƙungiya in ina so. Abokai suka ce ramuwa ce ka koma kotu. Barista yace a'a Baba, wannan ita ce ka yi shekara huɗu kana nema, je ka.

Mutum biyar ne a teburin, wanda ya kama ni baya cikinsu, an kira shi ya faɗi nasa na yi masa tambaya biyu ya fita. Shugabar kwamitin wata hajiya ce daga sashen kuɗi, tace Malam muna jinka. Na faɗi komai, tayar da aka canza, magariba, Golf ɗin, yarinyar da ta riƙe zani, hajiyar da tace in ji tsoron Allah da mutumin da yace kar in tsaya, da dubu ɗaya da ɗari biyar ɗin da ban mayar ba. Wakilin ƙungiya yace ya duba agogo, minti ashirin na yi. Wani a cikinsu ya tambaye ni da ace masu garkuwa ne suka ajiye su tarko fa, da ran mutum sha shida a hannunka? Nace ranka ya daɗe wannan tambayar nima na sha yi wa kaina, bani da amsarta.

Bayan sati biyu takarda ta fito. Sun cire maganar cin amana da karkatar da kuɗi, sun same ni da saɓa dokar ɗaukar fasinjan hanya, gargaɗi mai tsanani, a jinkirta min ƙarin mataki na shekara ɗaya, in mayar da dubu ɗaya da ɗari biyar asusun hukuma. Na je na biya na karɓi rasit. Na kawo gida da takardar duka na miƙa wa maman yara, bata ce komai ba ta tashi ta jawo akwati.